Taɓaryar da Take Tsayawa a Sama

Har yau ban manta da ranar da Tukur, mai ƙera fitilun aci-balbal a kasuwar Shinkafi, ya shigo ofishinmu rungume da kwali ba. Lokacin muna cikin Jihar Sakkwato, ni ƙaramin jami'in sana'o'in hannu ne a Ƙaura Namoda. Mu ke tattaro kayan masu sana'a, shugaban sashe ya tace, wanda ya tsallake a kai shi baje koli a Sakkwato. Tukur ya daɗe yana wannan buri.

Abin da ya ciro akwatin katako ne, a kansa mata biyu na gwangwani, turmi a tsakaninsu. In ka juya mariƙin da ke gefe sai su kama daka. Bai yi musu fuska ba don gudun maganar malamai. Sai dai jefi-jefi taɓaryar guda takan tsaya a sama, kafin ta faɗo.

Shugabanmu mutum ne mai son abu tsaf. Ya ce wannan cijewa ce, in gyara ko a bar abin a gida. Na buɗe akwatin, na ga da gangan aka fere faifan da ke ɗaga taɓaryar. Na ajiye zarton da na ɗauko don gyaran, na tambayi Tukur.

"Malam, ba ɓaci ba na," in ji shi. "Nan innata ka jefa taɓarya bisa ta yi tahi da hannuwa. Ta rasu bara. Tahin ɗai na kasa ƙerawa."

Ya ce in za a taɓa wurin, gara ya koma da kayansa. Wallahi ya ba ni tausayi. Na roƙi shugaba ya sake kallo sau ɗaya, ya amince yana ɓata rai.

Ina cikin juyawa, Inna Kulu mai share mana ofis ta jingine tsintsiya tana kallo. Taɓarya na tsayawa a sama, sai ta tafa, daidai wurin, ba wanda ya ce mata komai. Tukur ya sunkuyar da kai yana goge ido da hannun riga.

Sai shugaba ya ce, "A sa shi gaban mota, kada ya bugu."

Ku da kuka shigo aikin nan yanzu, abin da na koya ke nan: kada ku ɗora zarto a kan aikin mutum sai kun tambaye shi wa ya tuna da yake yin sa.