Minti Goma na Ƙarshe a Birmingham

Har yau ban manta da wata ranar Asabar a watan Afrilu ba, cikin tsakiyar shekarun 2000, lokacin ina likitan wani kulob na wasan zari-ruga a garin Salford, kusa da Manchester. Daga Litinin zuwa Juma'a ina duba marasa lafiya a asibitin unguwa, ranar Asabar kuma in bi 'yan wasa fili. Ku sabbin likitoci da za ku fara wannan aiki nake son ku ji labarin.

Wasan na mutum goma sha biyar ne kowane ɓangare, minti tamanin, kuma karo da jiki halal ne a cikinsa. A wancan zamani, a matakinmu, babu wani likita na daban da ke yanke hukunci. Kulob ne ya ɗauke ni, koci ne ke sa ɗan wasa ko ya fitar da shi. Nawa shawara ce.

Kocinmu Mista Garrod ne, Bature mai ƙarancin magana, shekararsa goma sha ɗaya yana horar da kulob ɗin. Ranar mun je Birmingham, wani fili kusa da Aston, wasan ƙarshe na kakar wasanni. In muka sha kashi, za mu faɗa rukuni na ƙasa, kuma shugaban kulob ya riga ya gaya masa cewa aikinsa zai tafi tare da faɗuwar.

Saura minti goma, muna gaba da maki biyu, sai kyaftin ɗinmu Owen ya buga kai da gwiwar wani, ya faɗi. Na ruga. Ya miƙe da kansa yana cewa lafiya lau, amma idanunsa ba sa tsayawa wuri ɗaya. Na jawo shi bakin fili na ce wa koci ƙwaƙwalwarsa ta bugu, bai kamata ya koma ba.

Garrod ya ce, “Dakta Bashir, minti goma kawai nake nema. Ka tabbata?”

Gaskiya na yi shiru. Ina son mutumin, na san 'ya'yansa, na san abin da ke jiransa. Saura kaɗan in ce a gwada.

Shi ne bai jira ni ba. Ya dafa kafaɗar Owen ya ce, “A wane gari muke?”

Owen ya duba filin, ya daɗe yana dubawa, sannan ya ce, “Gida mana. Salford.”

Garrod ya cire rigar sanyinsa ya yafa masa, ya ɗaga hannu a sa wani. Owen ya yi ta faɗa, har da zagi. Minti huɗu bayan haka abokan karawarmu suka ci mu, ta daidai gurbin da Owen yake tsarewa.

Ranar Litinin shugabanni suka kira mu Manchester. Shugaban kulob ya fara cewa likita ne ya tsorata koci, ya kamata a duba kwantiragina. Garrod ya katse shi.

“Likita ya ba da shawara, ni na fitar da shi. In za ku rubuta, ku rubuta haka.”

Suka sallame shi a makon, ni suka bar ni. A asibiti ba a sami jini a ƙwaƙwalwar Owen ba. Ya huta mako uku kamar yadda doka ta ce, ya warke. Saboda haka wasu suka riƙa cewa an zubar da wasa a banza, kuma babu hoton asibitin da zai ƙaryata su.

Garrod bai ƙara samun kulob mai girman namu ba. Bayan shekara uku na je sunan ɗan wani abokina a Handsworth, na gan shi a filin wata makaranta yana horar da ɗalibai. Na tambaye shi ko ya taɓa yin nadama.

Ya ce, “Kullum ina tunanin wasan. Nadama dai ban yi ba.”

Abin da na koya shi ne, a wannan aiki ba kasafai ake samun hujjar da za ta wanke mutum daga baya ba. Za ka fitar da ɗan wasa, ya kwana lafiya, a ce ka yi ɓarna. Tun daga ranar, duk kocin da ya tambaye ni ko na tabbata, amsa nake ba shi nan take. Shirun da na yi wancan karon ya bar wa koci hukuncin shi kaɗai, shi ne kuma ya biya shi da aikinsa.