Ɗingishin Gurmin Kawu

Jiya ina cin abinci a wani shago a Oxford Road, wata waƙar Japan tana tashi, sai na ji gurmin Kawu a ƙarƙashinta. Na ajiye cokali.

Marigayi Kawu, yayan mahaifiyata, direban bas ne a Handsworth, gurmi kuma abokin hirarsa. Bai taɓa yarda da na'urar ɗaukar sauti ba. Wata Asabar wani mai shirya waƙoƙi daga Japan ya zo falonsa neman ɗaukar kiɗansa, ya cire takalmi, yana ta rusunawa. Falon yana ƙamshin shayin citta.

"Ladabin nan ya yi yawa, 'yata," Kawu ya ce mini da Hausa. "Zan sa wa kiɗan ɗingishi. In ya sace, za mu gane kayanmu."

Ya kaɗa yana jinkirta yatsa ɗaya da gangan. Baƙon ya ɗauki kiɗan a na'ura, ya yi alkawarin sa sunan Kawu a waƙar.

Ɗingishin nan na ji jiya, ganguna duka suna bin sa. Na nemo waƙar a waya, na karanta sunayen masu aikin har ƙasa. Babu nasa.

Kawu, mun gane kayanmu. Allah Ya haskaka makwancinka, Ya sada ka da inda ba a manta sunan kowa.