Shanun da ke Cikin Tsohon Faifai

Mun tashi da asuba daga Sakkwato, ni da direba. Aikina shi ne tono tsofaffin faifan fim daga ma'ajiya, in tabbatar da inda aka ɗauke su kafin a saka a talabijin. Ana haɗa shiri kan babban farin da ya kashe dabbobi muna samari, na kuwa samo hoto na minti uku: garke a bakin busasshiyar rijiya, sai wani mutum ya tara rigarsa ana zuba masa hatsin agaji. Ba abin da aka rubuta a gwangwanin faifan sai "fari" da Faransanci. Ni kuma na riga na ce wa masu shirin ƙasar Gobir ce. In na yi kuskure, ranar Juma'a za a nuna ƙarya da sunana a ƙarƙashi.

Duk shingen da muka hango a hanya, sai mu yi tsit har mu ga kaki, mu tabbata ba 'yan bindiga ba ne. Bana ma ruwa ya ɗauke, gero ya yi yaushi a gonaki. A Isa muka sha fura. Gero ya yi tsadar da mai furar ta dama ta tsararo, ta ce haka ta fi lafiya.

Na yi irin wannan aiki a Agadas da Sudan, inda fuska nake nuna wa tsofaffi. A kasuwar Sabon Birni ma haka na yi, ba wanda ya shaida mutumin. Azahar ta wuce, direba yana ta duban rana, don wannan hanya ba a yi mata dare. Sai wani dattijo Bafulatani ya ce in mayar da hoton baya.

"Malam, bar mutum. Tsaida ga wagga saniya." Ya ɗora yatsa a kunnenta. "Tsaga biyu ga na dama. Shaidar gidanmu ta. Wagga kau rijiyar Gangara ta."

Na sauke ajiyar zuciya. Amma da hoto ya kai kan mai tara riga, dattijon ya kau da kai.

"Baffana na. Har ya rasu bai faɗa muna ya amshi tsaba ga hannun kowa ba. Cewa ya yi saniya ya saida. Jikokinai na kallon talabijin, Malam."

Mun iso gida da magariba, lafiya lau. Na rubuta wa masu shirin: wuri ya tabbata, a saka shanu, a cire mai riga. Suka ce ai shi ya fi taɓa zuciya. Na ce na sani.

Na tsufa ina tambayar faifai a ina aka ɗauke shi, ban taɓa tambayar ko na ciki ya yarda a gan shi ba. Ranar Juma'a shanu kawai aka nuna.