Gyaran Muryar Oga Sale

Sanyin Jos ba ya wasa, shi ya sa da an idar da sallar isha muke zagaye kaskon gawayin Kaka a gidanmu na unguwar Congo-Russia. Kaka ba ta miƙe tatsuniya kai tsaye. Ana tsakiyar labari sai ta tashi ta kwaikwayi kwandastan motar Titin Bauchi yana faɗa da fasinja, mu yi ta birgima, sannan ta zauna ta ɗora daga inda ta tsaya.

Maƙwabcinmu Oga Sale, ma'aikacin gidan talabijin, yakan zo jin ɗumi yana ta ƙyalƙyala dariya. Ashe ɗauka yake yi. Ba a jima ba sai ga shirinsa, labari da barkwanci a tsakani, tsarin Kaka sak. Wannan bai dame ta ba. Abin da ya ƙona mata rai shi ne wawuyar tsohuwar da ya saka a ciki, mai ɗingishi irin nata. Yara suka fara bin ta suna ɗingisawa har kasuwa. Kaka, matar da ta karɓi haihuwar rabin unguwa, ta daina fita. Har yau in na tuna raina ɓaci yake yi.

Ran nan ta ce, "Ku kira min yaran layin nan duka. Ga ta nan, yau da zafinta ta zo."

Tatsuniyar kura ce da ta je jin ɗumi gidan tsohuwar tunkiya, ta sace waƙarta, ta kai kasuwa ta ce tata ce. Da aka zo inda kura za ta rera, sai Kaka ta miƙe, ta turo ciki, ta ja zani har ƙirji kamar mai gyara wando: "Ehem, ehem, a gaskiya, a gaskiya..." Ba ta ambaci suna ba, ba kuma wanda ya tambaya.

Daga nan duk inda Oga Sale ya gifta "ehem, ehem" ne, har masu keke. Ya zo ya durƙusa.

"Inna, a yi haƙuri. Zan cire tsohuwar."

"Cire, ɗan nan," in ji ta, tana juya gawayi. "Taka ta talabijin ce, tana da makunni. Tawa ta riga ta fita, ba ni da abin kashe ta."

Yanzu ni ma shirin talabijin nake rubutawa, kuma na gane mutane kan manta labari, amma abin da suka yi wa dariya yana nan daram. Shi ya sa nake kaffa-kaffa kafin in saka wani a barkwanci. Tausayin Oga Sale kuwa ban taɓa ji ba. Ya tattara ya koma Naraguta, sunan ya bi shi can. Jikokinsa ma 'yan gidan Ehem ake ce musu.