Shirun da Sumika Ta Hana a Yanke

Ranar Talata, tara ga watan Satumba, labari ya iske ni cewa Sumika Tadokoro ta rasu a birnin Sendai na ƙasar Japan, bayan doguwar jinyar ciwon maƙogwaro. Jama'a sun san ta a talabijin, mai gabatar da shirye-shirye kan rayuwar masunta da manoma. Ni kuwa mai ɗaukar sautinta ne, shekara da shekaru ina biye da ita da sandar makirufo a kafaɗa.

Sumika-san, kamar yadda muke kiran ki don girmamawa, kin ba ni wahala, kuma wahalar nake kewa. Sai ki yi tambaya ɗaya ki kame bakinki, ki bar mutum da shirunsa har hannuna ya sage. Da na yi ƙorafi kika ce, "Haba Jinpei, kai da aka ɗauka aikin saurare, kai ne mai gajen haƙuri? Kar ka kuskura ka yanke min shirun nan."

A irin wannan shirun ne Iya Ume, tsohuwar da ke nutso a teku tana ciro katantanwa, ta ba ki labarin ɗanta da ruwa ya ci, abin da ko maƙwabta ba ta taɓa buɗe wa baki a kai ba. Hirar nan ce ta zama shirinki na ƙarshe. Saura ki ɗora muryar bayani, ciwo ya tafi da muryar. Manyan gidan talabijin suka ce ko a nemo wata ta karanta, ko a jingine shirin. Raina bai kwanta da ko ɗaya ba.

Al'adarki ce ba a watsa shiri sai mai labarin ya fara gani. Don haka na kai wa Iya Ume shi yadda yake, guraben maganarki fayau. Tana kallo har shayinta ya huce, can ta ɗaga hannu.

"Ɗana, ƙaro sautin."

"Iya, ai ba magana a nan."

"Na sani. Numfashinta nake ji. Ku bar min ita haka."

Na ƙaro. Ga ki nan kuwa, makirufo ya kamo ki tun ranar hirar, kina numfashi a hankali, kina jira. Manya sun yarda, haka za a watsa shi.

Ina miƙa ta'aziyyata ga maigidanki Noboru da 'yarki Akane, Allah ya ba su dangana. Ke kuma Allah ya jiƙan ki, ya sa kin huta. Ban yanke ba, Sumika-san. Har yanzu ina saurare.