Tukunyar Zangimi

Gidanmu yana unguwar Magajiya, cikin garin Suleja, kuma a shekarun da nake magana ƙofa ɗaya gare shi. Babanmu da iyalinsa suna gabas, ƙanensa Baba Sale yana yamma, ɗakin mahaifiyarsu, Kaka Dije, yana tsakiya kusa da madafa. Da an idar da sallar isha'i sai ta jawo kujerarta gaban murhu, ta tona sauran garwashin tuwo, ta binne mana dankali a ciki. In an ɗauke wuta, har yaran maƙwabta sukan shigo.

A wata damina, manyan gidan biyu suka daina gaisawa. Baba Sale yana so a ja katanga a raba gidan, ya gina ɗakunan haya a ɓangarensa saboda masu aiki a Abuja. Babanmu ya ƙi, sannan ya shiga neman sulhu da dukkan ƙarfinsa. Yau ya kira limamin unguwa, gobe abokan kasuwa, jibi a ɗauko kawunsu daga Lambata. Duk zaman da aka yi, Baba Sale sai ya fito ya fi da tauri.

Kaka ba ta sa baki ba. Amma wata rana da muka zauna, ta ɗaga murya fiye da yadda ta saba, alhali Babanmu yana kan tabarma a ƙofar ɗakinsa, tagar Baba Sale kuma a buɗe.

"Ku matso," ta ce, "baƙuwa ta iso."

"Ta sauka lafiya," muka amsa, don haka take buɗe tatsuniya kullum.

Ta ce a ƙarƙashin Dutsen Zuma akwai wata ƙasa da ranarta koriya ce. Mutanenta suna da wani abinci, zangimi, wanda ba a cinsa sai ranar sulhu. Idan mutum biyu suka ɓata, kowanne zai kawo baƙin gero cikin tafin hannunsa, irin wanda ba ya nuna sai a hasken wata. A haɗa a tukunya ɗaya da zumar dutse da ruwan raɓa, a liƙe bakin da yumɓu, a binne a kan iyakar gidajensu, a bar shi ya yi tsami.

"Kaka, giya ke nan?" na tambaya.

"A'uzubillahi! Ji min maigidan banza, ba cefane sai tambaya. Tsami ne irin na kamu. Juya dankalinka."

Ta ci gaba. Safe da yamma, kowanne zai kawo toka mai ɗumi daga murhunsa ya rufe ɓangarensa na ramin. Ba a buɗewa, ba a leƙawa, sai ranar da ƙanshi ya taso da kansa daga ƙasa. Ranar nan gari zai taru, su biyun su cinye tas. Idan ɗaya ya tofar ko ya bar saura, an raba su ke nan, ba za su ƙara shan rijiya ɗaya ba har mutuwa.

To, wasu maƙera biyu, wa da ƙane, suka ɓata a kan maƙerar ubansu, aka binne musu tukunya. Ƙanen yana kawo tokarsa a ɗan kasko, ya zuba, ya tafi. Shi kuwa wan yana ƙaunar ɗan'uwansa, ya ƙosa a gama, kuma yana so gari ya shaida shi ne mai neman shiri. Sai ya raina toka. Ya riƙa ɗebo jan garwashi daga maƙera yana tulawa, mutane suna wucewa suna cewa, kai, wannan da gaske yake.

"Shi bai sani ba," in ji Kaka, "abin da ke cikin tukunyar nan mai rai ne. Ɗumi yake so. Wuta kashe shi take yi."

Da aka fasa yumɓun, rabin zangimin fari ne mai ƙanshi, rabin kuwa baƙi ƙirin, ɗaci kamar maɗaci. Wan ya gane aikinsa ne. Ƙanen ya matso. Ya juya tukunyar, baƙin ya dawo gabansa, ya sa hannu ya ci, loma bayan loma, jama'a na kallon fuskarsa, ko ido bai runtse ba. Da ya suɗe yatsunsa ya ce, "Yaya, naka ya yi gishiri?"

"Nan baƙuwata ta ɗaura kayanta," Kaka ta ce. "Kowa ya je ya wanke ƙafa."

Muka yi ta ƙorafi cewa babu dodo, babu kura. Babanmu dai ya naɗe tabarmarsa ya shige ɗaki.

Daga ranar bai ƙara kiran kowa ba. Makonni suka wuce gidan shiru, har muka ɗauka abin ya lalace. Sai wata asuba na ji su biyun suna dawowa daga masallaci suna maganar rufin ɗakin Kaka da ke yoyo. Ba a ja katangar ba. Baba Sale ya yi ɗakunan hayarsa daga baya a Iku, a wani fili da Babanmu ya raka shi dubawa.

Na daɗe ina ɗaukar tatsuniyar a matsayin gargaɗi ga mai garwashi, kuma na sha ganin irinsa a zaman sulhu: mutumin kirki, mai gaggawa, mai son shaidu. Sai da na girma hankalina ya koma kan ƙanen. Ba a yin shiri sai wani ya haɗiye abin da ba shi ya ƙona ba, kuma ya hana fuskarsa faɗa. Kaka ta rasu, Babanmu da Baba Sale sun tsufa suna zama a benci ɗaya. Na sha kallonsu ina neman wanda ya ci ɓangaren ɗacin a gidanmu. Har yau ban gano ba.