Na Sa Mahaifina Ya Goya Bature

A lokacin ni matashi ne mai takardar sakandare, ina zaune a Illo ba aikin yi, sai 'yar Turancin da nake taƙama da ita a tasha. Mahaifina masunci ne, ya haura shekara saba'in, mutum mai kamun kai da ake tashi a gaishe shi.

Wani Bature ya zo daga Ingila da kyamara, aka haɗa ni da shi a matsayin tafinta. Ya ce fim yake yi a kan kakansa wanda ya yi Di'o, wato Baturen mulki, a yankinmu zamanin mulkin mallaka, yana son ya gane wane irin mutum ne ya haifi gidansu. Ya nuna mini wani tsohon hoto: kakan nasa a goye a bayan wani mutum, ana fitar da shi daga kwalekwale don kada takalminsa ya jiƙe. Da na kai wa Baba hoton, ya daɗe yana kallo, sannan ya ce mai goyon nan mahaifinsa ne.

Baturen hira kawai ya nema. Ni ne, da bakina, na ce masa fim zai fi armashi idan aka maimaita hoton, ɗan mai goyon ya goya jikan wanda aka goya. Ya yi ta nuna shakka, na rantse masa cewa a wurinmu girmamawa ce. Shi kuma Baba na ce masa baƙon ne ya roƙa, kuma idan ya ƙi, aikina ya tafi. Ba komai nake hari ba sai a rubuta sunana a ƙarshen fim.

A bakin kogi aka yi, gaban masunta da 'yan kasuwar da suka tsallako daga Benin. Baba ya tuɓe rigarsa, ya durƙusa cikin taɓo, Baturen, ƙaton saurayi, ya hau bayansa. Baba yana fama ya miƙe da shi, ni ina gefe ina cewa a sake, hoton bai fito da kyau ba. Kafin la'asar abin ya shiga wayoyin mutane, ana dariya.

Baba bai yi mini faɗa ba. Yana wanke ƙafafunsa ya ce, "Ubana da bulala aka sa shi. Ni ko ɗana ne ya sa ni."

Daga ranar bai ƙara zama a majalisar ƙofar masallaci ba har Allah ya karɓi ransa. Baturen ya aiko cewa ya cire wurin daga fim, amma wa zai cire shi daga wayoyin Illo? Har yau in na tuna muryata tana cewa a sake, ƙyamar kaina nake ji.

'Yan'uwana masu yi wa baƙi tafinta, ku ji tsoron Allah. Tarihin da baƙo ya zo ɗauka, wulaƙancin kakan wani ne a cikinmu. Ni na sami sunana a fim, na kuma rasa wanda zan nemi gafararsa.